Dodon koɗi ba shi da ƙafa, sakacin hukuma ke goya shi

Duk lokacin da aka yi bikin buɗe wani sabon gandun noman rani a ƙasar nan, tun daga zamanin Seyni Kunce da aka kafa ofishin ONAHA a 1978 har ya zuwa gwamnatocin da suka biyo baya, na farar hula da na soja, jawabin manya kusan iri ɗaya ne. A faɗi yawan hektar da aka gyara, da tan nawa na shinkafa ake sa rai, da miliyoyin sefa nawa aminan ƙasa suka zuba. A yanke ƙyalle, a tafa, motoci kat-kat su juya su nufi Yamai. Akwai wanda ba a ba shi kujera a rumfar baƙi, alhali shi ke riga manomi tarewa a magudanan ruwan, shi ne kuma ke zama daram bayan furoje ya naɗe tabarmarsa. Sunansa dodon koɗi.

Babu shakka wani darakta a biro, ko wani alhaji a kasuwar Maraɗi, zai yi murmushi ya ce ƙasar da ke fama da ƴan ta'adda da tsadar hatsi ina ta ga lokacin zancen katantanwa. To, ɗan hakin da aka raina shi ke tsone ido. Wannan halitta da ake yi wa dariya saboda nawar tafiyarta ta tashi daga Ajantina ta sauka Taiwan, ta ɓulla a Kenya, ta cinye gonakin shinkafa na miliyoyin daloli, danginta kuma suka kwantar da garuruwa sukutum da ciwon ciki. Da ƙafarta ba ta ƙetare teku ba. Ko dai ɗan kasuwa ya ɗauko ta cikin kaya, ko injiniya ya gina mata gida da kuɗin bashi, ko kuwa ma'aikaci ya buga hatimi bai duba ba. Saboda haka zancen dodon koɗi zancen mulki ne, kuma akwai waɗanda ya wajaba su amsa tambaya a kansa.

Baƙon da ya riga ya tare

Tsargiya tsohuwar sani ce. A ƙauyukan bakin tabki, daga Tabalak har Madarunfa da Gidimuni, an daɗe ana ganin yaro na fitsarin jini, har wasu iyaye ke ɗauka alamar balaga ce. Abin da ba a cika faɗa wa iyayen ba shi ne, ciwon ba ya wucewa daga mutum zuwa mutum kai tsaye. Mai ciwo ya yi fitsari ko bayan gida a ruwa, ƙwan tsutsar ya ƙyanƙyashe, dole ne ƴar tsutsar ta sami dodon koɗi na irin da ya dace da ita cikin sa'o'i kaɗan, in ba haka ba ta mutu. In ta samu, ta yi makonni tana hayayyafa a cikinsa, sa'an nan ta riƙa fitowa dubbai-dubbai tana huda fatar duk wanda ya taka ruwan: mai dashen shinkafa, mace mai wanki, yaro mai iyo, masunci mai jan koma. Ƙarshenta ƙarancin jini, da yaron da ba ya gane karatu a lakwal, da lalacewar mafitsara da ƙoda, har da kansar mafitsara; ga mata kuma ciwon mara da akan ɗauka ciwon sanyi ne, wanda kan kai ga rashin haihuwa a ɗora wa mace laifi. Hukumar lafiya ta duniya, OMS, ta ƙiyasta cewa a 2021 mutum fiye da miliyan 250 ke buƙatar maganin tsargiya, kashi 90 cikin ɗari a Afirka. Inda babu dodon koɗi kuwa, babu tsargiya.

Ciwon iri biyu ne a ƙasar nan, kowane da mai masaukinsa. Ta fitsari na sauka gidan wani ƙanƙanen dodon koɗi da masana ke kira Bulinus. Ta hanji na sauka gidan Biomphalaria, mai faɗi kamar maɓallin riga, kuma ita ce ke kumbura hanta da saifa, ciki ya cika da ruwa, wani lokaci mutum ya yi aman jini ya cika. Shekara da shekaru, in ana zancen tsargiyar hanji a Nijar, yankin Gaya ake nufi, can kudu. Sai ga shi a 2004 masu binciken ƙasar nan sun buga sakamakon da ya nuna ta ɓulla a Namarigungu, cikin jahar Tillaberi, sama da Yamai, a tsakiyar gandun shinkafa. Wani binciken da aka buga a 2019, bayan shekaru ana ƙidayar dodannin koɗi wata-wata a kwarin kogin Isa, ya tarar Biomphalaria ya kafa gida a magudanan Namarigungu da Diambala.

Dalilin a fili yake. Kogi yakan cika ya janye, tabki yakan ƙafe da bazara, rana ta gasa mafi yawan dodannin da ke ciki. Kanal na gandun noma kuwa, inda ake dashe sau biyu a shekara, ruwansa na tafiya a hankali, ba ya ƙafewa, in aka yi sakacin yashe shi ciyawa ta rufe shi ruf. Duk wanda ya so gina wa Biomphalaria gida, ba zai zana wanda ya fi wannan ba.

Gemun maƙwabci ya riga ya kama wuta

A 1986 aka kammala barajin Diama a kan kogin Senegal, kusa da Saint-Louis, don hana ruwan gishiri na teku hawowa cikin kogin da rani. Niyyar mai kyau ce, an kuma sami filin shinkafa da na rake. Amma gishirin nan da aka tsare shi ne ke kashe dodannin koɗi duk shekara, kuma manyan jatan landen kogin da ke cinye su sai a ruwan gishiri-gishiri na bakin teku suke haihuwa. Baraji ya toshe musu hanya, suka ɓace a sama. Ruwa ya tsaya wuri ɗaya, ciyawa ta yi tsiri. A 1988 aka ga masu tsargiyar hanji na farko a Richard Toll, garin kamfanin sukari, inda ba a san ciwon ba a da. A 1990 wajen kashi 60 cikin ɗari na mutanen garin na ɗauke da ita. Shekara huɗu kacal bayan yanke ƙyalle. Kafin Senegal, Gana ta sha irin wannan: da tabkin Volta ya cika bayan ginin Akosombo a 1965, a wasu ƙauyukan bakinsa yaran da ke fitsarin jini sun tashi daga ƙasa da kashi 10 zuwa wajen kashi 90 cikin ɗari.

Wannan tarihi na nan a rubuce cikin Faransanci, harshen da aka koya wa duk wani injiniya da likitan ƙasar nan. Nijar kuma na da Kandaji, kimanin kilomita 180 sama da Yamai, wanda Tanja Mamadu ya ɗora wa tubali a 2008, aka sake tayar da aikinsa a 2019, da alkawarin megawat 130 na wuta da hekta 45,000 na noman rani. Babu mai hankalin da zai ƙi baraji a ƙasar da ta ɗanɗana duhu a 2023 sa'ad da Najeriya ta yanke mata lantarki, ƙasar da mafi yawan shinkafar da take ci daga waje ake sayo ta. Sai dai ɗaya daga manyan manufofin Kandaji ita ce ruwan kogi ya daina janyewa da bazara, wato daidai abin da dodon koɗi ke addu'ar samu. Namarigungu kuwa tsakanin Kandaji da Yamai take. Mutanen Senegal na iya cewa abin ya zo musu ba zato. A nan baƙon na zaune bakin kanal yana jiran a sako masa ruwa. An ji megawat, an ji hekta. Jama'ar da za a tsugunar a bakin tabkin na da haƙƙin jin nawa aka ware don kada ƴaƴansu su yi aman jini, a wane layi na kasafi, kuma wane ofishi ne zai amsa in abin ya faru.

Baƙon da ke bakin ƙofa

Na biyun shinkafar kanta yake ci. Masana na kiransa Pomacea canaliculata, ƴan talla kuwa suka raɗa masa suna mai daɗi, wai dodon koɗin zinariya. Asalinsa fadamun Ajantina da maƙwabtanta ne, girmansa yakan kai ƙwan kaza. Wajen 1980 wasu ƴan kasuwa suka kai shi Taiwan da niyyar kiwo, su sayar wa gidajen abinci na gida da na Turai. Daga nan ya shiga Japan da Filifin, inda har ma'aikatan gwamnati suka riƙa tallata shi ga talakawa a matsayin nama mai araha da sana'ar samun ƴan kuɗi. Kasuwa ta ƙi. Masu kiwo suka zubar da nasu a magudanai, sauran ambaliya ta fitar.

Halittarsa ce ta sa ya gagara. Yana numfashi cikin ruwa kamar kifi, yana kuma shaƙar iska a sarari. In gona ta bushe ya nutse cikin laka ya rufe ƙofarsa, ya yi watanni yana jiran ruwa. Macen na hawowa da dare ta liƙa ƙwai ɗaruruwa a dunƙule, masu launin ruwan hoda, a jikin kara ko bangon kanal sama da ruwa. Ƙwan na da dafi, kusan babu abin da ke cinsa, cikin mako biyu ya ƙyanƙyashe. Abincin da ya fi so shi ne ɗanyen dashe na makonnin farko. Manomi ya dasa da yamma, ya dawo da safe ya tarar da fili fetal, ya sake sayen iri, ya sake biyan ƴan ƙwadago, ya ƙara da kuɗin guba. Wani nazari da aka buga a 1996 ya ƙiyasta asarar da manoman shinkafar Filifin suka tafka ya zuwa 1990 tsakanin dala miliyan 425 da miliyan 1,200 na Amurka. Naman ma da aka yi kwaɗayi na ɗauke da wata tsutsar ɓera mai hawa ƙwaƙwalwa: a 2006 fiye da mutum ɗari suka kamu a Beijin bayan sun ci shi bai dahu ba a gidan abinci.

A 2020 manoman gandun Mwea, wanda ke fitar da mafi yawan shinkafar Kenya, suka fara ganin ƙwai ruwan hoda a gonakinsu, bincike kuma ya tabbatar shi ne. Nazarin da aka buga a 2023 ya nuna manoman da ya mamaye wa wani sashe mai yawa na gona sun rasa wajen kashi 14 cikin ɗari na amfanin da suke girba, ribarsu kuwa ta faɗi da wajen kashi 60, saboda abin da suka kashe wajen yaƙi da shi. Abin da Mwea ke da shi, shi gandayen Saga da Libore da Gaya ke da shi: kanal ɗaya mai ratsa gonaki ɗaruruwa, dashe rani da damina, da zafin da ba ya ƙarewa. Kogi kuma ba ya tsayawa a duwan. Abin da ya faɗa ruwa a Gawo zai iso Ayoru, abin da ya faɗa a Yamai zai sauka Gaya ya zarce Yawuri.

Akwatin gilashi a falon alhaji

Ta ina irin wannan baƙo ke shigowa? Sau da yawa ta ƙofar ƙawa. Akwatin gilashi mai kifin ado, irin wanda ake gani a otal da ofis da falon masu hali, yana zuwa da ciyawar ruwa, ciyawar kuma da ƙwan dodon koɗi da ido ba ya lura da shi. Wasu dillalai ma dodon zinariyar kansa suke sayarwa, wai yana share gansakukar gilashi. Ranar da maigida ya gaji da abin, yaron gida ya juye shi a kwata, kwatar Yamai kuma ta bi Gunti Yena ta faɗa kogi.

Haka ta faru a wasu wurare. A 1974 aka ba da rahoton wani Biomphalaria na Kudancin Amurka, mai ɗaukar tsargiyar hanji, a wani rafi na Hong Kong, inda ya isa tare da ciyawar kifin ado. A 1981 ya shiga Shenzhen. A 1999 aka ga wani dodon koɗin Asiya, Tarebia, a KwaZulu-Natal ta Afirka ta Kudu, ya kuma cika tabkunan yankin yana korar na asali. A 2009 wani ɗan'uwan dodon zinariya ya ɓulla a gonakin shinkafa na bakin kogin Ebro a Sifen, kuma a 2012 Tarayyar Turai ta haramta shigo da duk dangin Pomacea cikin ƙasashenta. Turawa da dukiyarsu da ɗakunan bincikensu sun gane tsare ƙofa ya fi araha.

Mutanen Yamai ba su buƙatar a kai su Sifen. Ana cewa kainuwa dashen Allah, amma baƙuwar kainuwar nan mai fure shuɗi-shuɗi da ta mamaye kogin Isa tun ƙarshen shekarun 1980 dashen mutane ce: daga Amazon ta fito, masu son fure suka yawata da ita duniya, ta zo ta toshe bakin injinan ban ruwa, ta hana jirgi wucewa, saiwarta kuma ta zama maɓoyar dodannin tsargiya. Wanda ya ga wannan da idonsa ba shi da uzurin cewa bai san abin ado na iya cin kogi ba.

A nan ƴan kasuwa na da nasu kason. Lardin da Gwangzu take ciki, inda alhazan Maraɗi da Damagaram da Yamai ke zuwa sarin kaya, yana da dodon zinariya tun 1981, yana kuma da Biomphalarian nan na Amurka. Duk wanda wani abokin ciniki ya nuna wa sabuwar sana'ar kiwon katantanwar ruwa, ko ya cusa masa kifin ado da ciyawarsa cikin kwantena, ya tuna cewa mutanen da suka kai shi Taiwan ba ɓarayi ba ne, riba suka hango. Haka masu safarar ƴaƴan kifi cikin jarkoki daga wata ƙasa zuwa wata: ruwan jarka ma kaya ne. Ma'aikacin duwan ya haddace kuɗin fiton kowane katon na taliya. Wa ya taɓa nuna masa hoton ƙwai ruwan hoda?

Ƙwaya ba ta kashe dodon koɗi

Masu kare hukuma za su ce ai ba a zauna ba, ana raba magani. Gaskiya ne, kuma abin yabo ne. Tun 2004 akwai shirin ƙasa na yaƙi da tsargiya, malaman lakwal na auna tsayin yara da sanda su ba su praziquantel, yara da yawa sun daina fitsarin jini. Amma ƙwayar tsutsar da ke cikin jiki take kashewa. Washegari yaron ya koma kanal ɗin da ya saba, domin nan ne wurin wanka, nan ne wurin wanki, nan ne gonar ubansa. Wannan kwarfar ruwa ce daga jirgin da ya huje. Ga shi kuma maganin kyauta ne daga waje, kyauta kuwa mai ita ke da ranar janye ta, kamar yadda aka gani a 2025 da Amurka ta rushe hukumar agajinta ta USAID, ɗaya daga masu tallafa wa rabon irin waɗannan magunguna a Afirka ta Yamma. Ƙasar da ke zancen ƴancin kai ba ta jingina hantar ƴaƴanta ga kasafin wata majalisa.

OMS kanta, cikin ƙa'idojin da ta fitar a 2022, ta ce a haɗa rabon magani da ruwa mai tsabta, da masai, da yaƙi da dodon koɗi. Waɗanda suka rabu da ciwon ta nan suka bi. Lardin Yamanashi na Japan ya shafe magudanansa da siminti, ya yi shelar ƙarshen tsargiya a 1996. Maroko, mai gandayen noman rani irin na ƙasar nan, ta daina samun sabon kamu na cikin gida tun 2004. Akwai guba mai kashe dodon, niclosamide, sai dai tana da tsada tana kuma kashe kifi, don haka wurinta ƴan mashigan da jama'a ke taka ruwa. Akwai kuma abin da ba ya buƙatar dala: a wani gwaji da aka buga a 2023, a rabin ƙauyuka 16 da gwajin ya shafa a arewacin Senegal, an tsame ciyawar ruwa fiye da tan 400 daga mashigai da hannu da manjagara, kamuwar yara da tsargiyar hanji ta ragu, ciyawar kuma ta zama taki da abincin dabbobi. Wanda ya ce babu kuɗi, sai ya faɗi nawa manjagara take.

Abin da ake bin hukuma

Na farko, ƙudurin minista da zai haramta shigo da dodon koɗin ruwa mai rai, ya kuma hana ciyawar ruwa wucewa sai hukumar kare tsirrai ta duba. Kuɗinsa takarda da tawada. Na biyu, hoton ƙwan a kowane ofishin duwan da na gandun daji da kowace kwaparatif, da sanarwa a gidajen rediyo cikin Hausa da Zabarmanci da sauran harsunan ƙasa. Kogin Isa na da manyan dodanninsa na asali waɗanda ba su ne abin nema ba; alamar baƙon ƙwai ne ruwan hoda sama da ruwa, kuma ɗan lakwal ma na iya gane su ya kaɗe su cikin ruwa su lalace. Na uku, kada a sa hannu a kwangilar baraji ko gandu, a Kandaji ne ko Ƙonni ko Ibohaman, sai da layin ƙidayar dodanni kafin aiki da bayansa, da wurin wanki, da famfo, da masai, da ƴan gadojin ƙetare kanal, kuma a buga adadin kuɗin kowa ya gani. Na huɗu, yasar kanal da busar da shi tsakanin girbi da dashe su shiga kalandar kowace kwaparatif, manoman da ke biyan kuɗin ruwa su san inda kuɗinsu ke zuwa. Na biyar, a ba CERMES da INRAN da jami'ar Abdu Mumuni abin aiki, sakamakonsu ya riƙa isa teburin parfe da na sarakuna kafin ya isa mujallun London. Hukumar kogin Isa mai ƙasashe 9, wadda hedikwatarta ke Yamai, ta ɗora zancen a gaban maƙwabta.

An san yadda abin kan kasance in aka ƙyale. Za a kira taron ƙara wa juna sani a babban otal, a raba jakunkuna da kuɗin zama, a kafa kwamiti, kwamiti ya haifi ƙaramin kwamiti, a miƙa ƙoƙon bara ga aminan ƙasa, a ce wa manomi ya yi haƙuri ƙaddara ce. Fari ƙaddara ne, fara ma iska ke kawo ta daga hamada. Wannan kuwa sai an ɗauko shi, sai an buɗe masa ƙofa, sai an gina masa gida. Ranar da aka ga ƙwai ruwan hoda a bangon kanal na Saga, ko aka ga yaran bakin tabkin Kandaji da kumburarren ciki, a buɗe rajistar duwan da dosiyen furoje: sunan wanda ya goyo shi na nan a ƙasan hatimi.